Kukan da Na Sata a Bakin Famfo

Zuwa ga mahaifiyata, Umma,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Bayan gaisuwa ta ladabi, irin wadda kika koya mini in durƙusa in yi ko da a kan kafet ɗin Ingila ne, ina fata wannan takarda ta same ki cikin rahama da yalwar makwanci. In kin tambayi lafiyata, ƙalau nake. Ina nan unguwar Gorton ta Manchester, a flat ɗin nan na saman bene da kika zo sau ɗaya kika ce akurkin kaji ma ya fi shi iska. Ƙanena Nura yana can ƙasar Larabawa da iyalinsa, yana bugo waya ranar Juma'a in ya tuna.

Na san da kina da hali da kin fizge alƙalamin nan daga hannuna. Kin tsani a baza zancen gida a waje, ga shi kuma ina rubutu a inda duk mai so zai leƙo ya karanta. Ki yi haƙuri. Laifin da na yi miki a bainar jama'a na yi shi, ban ga dalilin da zai sa in laɓe a ɗaki in nemi gafararsa ba. Shekara biyu ke nan da rasuwarki, sai makon jiya na samu bakin magana.

Ni ce 'yar farinki, saboda haka ban taɓa jin sunana a bakinki ba. Tun muna Kano har Abba ya samu aikin likita ya kwaso mu zuwa Birmingham ina 'yar shekara tara, "'yar nan" nake. 'Yar nan zo ki ci abinci, 'yar nan rufe kanki. In muka je wurin likitan unguwa aka tambaye ki sunan yarinyar, sai ki juya ki kalli Nura, shi ya faɗa. Da ina ƙarama na ɗauka ƙi ne. Sai da na kai ƙara wurin ƙawarki Gwaggo Talatu ta Perry Barr, ta yi dariya har da riƙe ciki, ta ce ke sakarya, ai kunya ce, wanda aka fi so shi ake wa ita. Na ce to, amma raina bai kwanta ba.

Ranar da na ce wasan kwaikwayo zan karanta, ba haɗa magunguna ba, Abba kwana uku ya yi bai amsa gaisuwata da baki ba. Ke kuwa ko mamaki ba ki yi ba. Cewa kika yi, "Wannan tun tana goye take kwaikwayon mutane." Gaskiyarki. Mai kantin nama na Stratford Road, direban bas, limamin da ke jan wasali kamar ba zai sake shi ba, Gwaggo Talatu kanta in tana ciniki, duk ina da su a maƙogwaro. Ban gaji kyanki ba, ban gaji kan Abba ba. Kunne kawai Allah ya ba ni, duk abin da ya shiga cikinsa ba ya fita.

Kin tuna shekaruna na farko a talabijin? Nas, sannan nas, sannan wata nas ɗin. Na yi 'yar gudun hijira, na yi mai shara, sau ɗaya ma gawa na fito, ƙafata kaɗai aka nuna. Kina zaune kan kujerar falo da carbi a hannu, kika ce, "Shekara uku a makaranta don ki miƙa wa likitan ƙarya almakashi? Ga na gaske a gida ba mai miƙa masa." Abba ya yi dariya har ya ƙware. Ni ma na yi, amma da na hau sama na daɗe ban sauko ba.

Rediyo ce ta sasanta mu. Ke kin yarda da ita don ba mai ganin gashina. Ni na so ta don ba mai ganin fatata. A rediyo na zama matar manomi, na zama alƙaliya, na zama tsohuwar Baturiya daga arewacin ƙasar nan, ba wanda ya ce uffan. Na sha ba ki labarin ɗakin da muke ɗaukar wasa: ba taga, makirfo a tsakiya, kowa da takardarsa a hannu yana koyon juya shafi ba tare da ta yi ƙara ba. A gefe akwai matakala mai hawa biyar da ba ta kai ko'ina, da ƙofa mai sakata iri-iri, da faranti cike da tsakuwa na takawa, da wurin wanke-wanke mai famfo na gaske. Akwai wata mata da aikinta ke nan, ta buɗe ƙofa, ta zuba shayi, ta taka tsakuwa daidai lokacin da ake so. Kika ce lallai Turawa ba su rasa abin biyan mutum albashi a kai ba.

Sai kika sayi 'yar rediyo ja kika ajiye a tagar kicin. Turancin wasan ba duka kike bi ba, amma kina sauraro. In an zo ƙarshe mai gabatarwa ta fara karanto sunayen 'yan wasa, sai ki ɗauki tsumma ki hau goge teburin da ba abin da ya same shi, wai ke ba ji kike ba.

Daga nan Abba ya rasu.

Wata huɗu da kwana goma na takaba, gidanmu na Sparkbrook bai rabu da mata ba. Ba wadda ta ga hawayenki. Suna fita suna cewa kai, Hajiya akwai tawakkali. Amma kullum bayan la'asar sai ki tashi ki tattara kofunan shayi, in wata ta ce kawo in wanke ki ce a'a, zauna abinki. Ki shiga kicin, ki tura ƙofa, ki buɗe famfo har ƙarshe.

Kin manta matakalar gidan jikin bangon kicin take. Ni kuwa a nan nake zama in gudun surutun falo ya kore ni. Ta ƙarƙashin ƙarar ruwan nake jin ki. Ba ihu, ba salati da ƙarfi. Numfashi ne kike ja sau uku, gajeru, ki riƙe na ƙarshen har in fara tsorata, sannan ki sake shi da wata 'yar ƙara siririya kamar ta ƙofar da ta rasa mai. Ki maimaita. In kin gama sai ki yi gyaran murya sau ɗaya, ki kashe famfo, ki haɗa kofi biyu su yi ƙara don na falo su ce wanke-wanke kike. Sannan ki fito da fuskarki a bushe.

Kullum haka, Umma, kuma ko sau ɗaya ban tura ƙofar nan na rungume ki ba. Na ce wa kaina ba za ki so ba, kuma wataƙila da gaske ne. Amma akwai abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba: ina zaune ina jin tausayinki kamar raina zai fita, wani sashe na kaina kuma yana ƙirga numfashin. Wallahi ban yi niyya ba. Kunnen nan ba ya neman izinina.

Shekarun da suka biyo baya kin san su. Gwamnati ta tsuke bakin aljihu, komai ya riƙa rufewa ɗaya bayan ɗaya. Ƙungiyar da muke yawo da wasa makarantu ta watse. Zauren da kuke haɗuwa ɗinki ranar Talata hukumar gari ta sa masa kwaɗo, kika dawo zaman gida ke da keken ɗinkinki. Aikin rediyo da yawa ya koma Manchester, na tattara na bi shi, na bar ki ke kaɗai a gida mai ɗaki uku. A can ma ba ta canza zane ba. Sai in yi wata biyu waya ba ta yi ƙara ba, ina jera gwangwanaye a kanti da safe, da rana ina zaune ina kallon ruwan sama yana bin gilashi. A duk Gorton ba wanda zan ce wa sannu ya ce yawwa.

Ana haka aka kira ni in fito a babban matsayi a wani wasan rediyo, irin wanda na shekara goma ina jira: wata Baturiya da mijinta ya rasu, wasan kusan duka a bakinta yake. A tsakiya akwai wurin da marubucin ya sa kalma biyu kawai, tana kuka. Na yi kukan da aka koya mana a makaranta. Darakta, yana bayan gilashi, ya girgiza kai. Na sake, ya sake girgizawa. A na uku ya ce ya ji irin wannan sau dubu, ko ina da wani abu nawa? Na ga yana duban agogo. Na ga kantin gwangwanaye yana jirana har tsufa. Sai idona ya faɗa kan famfon nan na gefe.

Na ce wa matar nan mai buɗe ƙofa da zuba shayi ta buɗe mini shi har ƙarshe, ta ba ni kofi biyu.

Sau ɗaya aka ɗauka. Numfashi uku, riƙewa, 'yar ƙarar, gyaran murya, kashe famfo, kofuna. Ban rage komai ba. Da na ɗago, darakta ya cire tabarau yana goge ido. Na ji daɗi, Umma. Daɗi na ji har cikin ƙashina, kuma wannan shi ne abin da ya fi ci mini rai har yau.

Kuma dubi wautata: ni da bakina na bugo miki na faɗa miki rana da lokaci. A tunanina mutum ba ya gane kukansa, tunda bai taɓa tsayawa a waje ya saurare shi ba. Ke kuma don murna kika soya cincin, kika gayyato Gwaggo Talatu da mata biyu cikin waɗanda suka yi zaman takaba da ke, matan da suka yi wata huɗu suna kallon ki kina tattara kofuna. Gwaggo ta ce da ruwan ya fara zuba a rediyo ba wadda ta kalli wata. Da kofunan suka yi ƙara, ɗaya daga cikinsu ta ajiye nata a hankali kamar ya ƙone ta. Kika miƙe kika kashe rediyon tun ba a kai ga sunaye ba, kika ce shayin nan ya huce, bari a sake ɗorawa.

Ranar Lahadi na hau jirgin ƙasa na zo, ina ta washe baki, ina jiran yabo. Na tarar tagar kicin ba rediyo, tukunyar na'a-na'a ce a wurin. Kika zuba mini tuwo da miyar kuɓewa, kika zauna kina kallo har na cinye. Sannan kika ce, ba tare da kin ɗaga murya ba, "Ashe kina ji."

Nan ne ya kamata in sauko daga kujera in durƙusa. Me na yi? Na juya harshe zuwa Turanci, yaren da nake fakewa a ciki in ba ni da gaskiya, na hau yi miki bayani wai haka sana'ar take, kowane ɗan wasa daga rayuwarsa yake ɗiba, ai girmamawa ce. Kika bar ni na gama. Kika ɗauki kwanon kika kai kicin, kika wanke shi da ɗan siririn ruwa, ƙofa a buɗe.

Da a nan na tsaya ma da sauƙi. Wasan ya karɓu, masu sauraro suka yi ta aiko wasiƙu, waya ta fara ƙara. Kowane darakta kukan nan yake so. Na yi shi a rediyo, na yi shi a talabijin da fuskata a fili, na yi shi a matsayin uwar da ɗanta ya ɓata, na yi shi a matsayin matar fursuna. Na bar kanti, aka fara gane ni a tashar bas. Duk wata ina zuwa Sparkbrook da leda cike da tsaraba, ki karɓa ki ce an gode, mu yi hirar tsadar gas da ciwon gwiwarki da bas ɗin Perry Barr da aka rage wa zirga-zirga. Zancen nan kuwa yana zaune tsakaninmu a kan tebur, ba mai taɓa shi. Shekara huɗu muka yi haka.

Da ciwo ya kwantar da ke a asibiti, wata rana da rana ina gyara miki filo, kika kama hannuna. Na ɗauka ruwa kike so. Kika ce, "'Yar nan, in lokacina ya yi, kada ki yi mini kukan aiki." Kika saki hannun kika rufe ido.

Da Nura ya iso kin ce kin yafe mana duniya da lahira, mu biyu a haɗe, kamar yadda kowace uwa take faɗa. Na tsaya a bakin gadon ina so in tambaya, har da wancan? Sai na gyara miki bargo. Na ce gobe. Goben ina Manchester a ɗakin ɗaukar wasa, waya a kashe kamar yadda doka ta ce, jar fitila a kunne. Da na fito na kunna, na tarar da kiran Nura sau tara.

A zaman makokinki ban zubar da hawaye ko ɗigo ba. Ba taurin zuciya ba ne, Allah shi ne shaida. Duk sanda abin ya taso mini, sai in ji ni a waje ina sauraron kaina, ina auna numfashin, ina cewa wannan na wane wasa ne? Sai maganarki ta faɗo mini, sai ya koma. Na ji wata tana raɗa wa ta kusa da ita wai ta yi wa Turawa kuka a talabijin, ta rasa na uwarta. Ban ji haushinta ba. Na tashi na tattara kofuna na kai kicin, na wanke su tas, wanke-wanke na gaske.

Tun daga nan na daina karɓar duk wasan da ke da kuka a ciki. Wakiliyata ta yi faɗa har ta gaji, waya ta koma shirunta na da. Yanzu littattafai nake karantawa a ɗauka don makafi, sai 'yan tallace-tallace. In mutum ya buga wa wani ofis waya aka ce ya jira, muryar da ke ba shi haƙuri tana cewa kiransa yana da muhimmanci, wani lokacin tawa ce. Ranar nan na buga wa wani wuri waya ni ma, na yi minti ashirin ina ba kaina haƙuri. A ranar kaf ba wanda ya yi mini magana sai ni.

To makon jiya Gwaggo Talatu ta kira. Ta ce sanyin ƙasar nan ya ishe ta, Kano za ta koma, in zo Perry Barr in karɓi ajiya. Na same ta cikin akwatuna, ta tsufa, Umma, sai kin gan ta. Ta jawo wata leda ta ɗora mini a cinya. Jar rediyonki ce. An liƙe abin murɗa tasha da salatif don kada ya goce.

Na ce ai na ɗauka kin yar. Ta ce yar da me? A cikin kabad take, ƙarƙashin zannuwa. Ta ce duk mako sai kin tafi laburare, da aka rage kwanakin buɗewa kika haddace ranar da suke buɗewa, ki tsaya a bakin ƙofa da lema tun ba su zo ba. Ki ɗauki mujallar shirye-shiryen rediyo ki bi da yatsa layi-layi har ki ga sunana, ki rubuta rana da lokaci a bayan ambulan. In ranar ta zo sai ki fito da rediyon ki ajiye a kan gado, ki zauna da agogo a hannu, ba za ki kunna ba. Sai saura minti biyu a gama. Ta ce ta taɓa tambayar ki wannan wane irin sauraro ne, kika ce, "Wasan nata ba na so. Sunan nake jira." In mai gabatarwa ta faɗe shi, sai ki ce Allah ya yi mata albarka, ki kashe, ki mayar ƙarƙashin zannuwa.

Shekara huɗu, Umma. Ina zuwa da tsarabata ina zaune a falo ina tunanin kin shafe ni, rediyon tana sama a kabad.

Na rungumo ta a jirgi har Manchester. Na iso gida wajen la'asar, na ɗora ta a tagar kicin. Sai na ji abin yana tasowa. Kafin in ankara ina tsaye a bakin wurin wanke-wanke, hannuna a kan famfo. Na kalli hannun nan na daɗe. Sannan na janye shi.

Abin da ya fito ba ki taɓa jin irinsa ba, ni ma haka. Ba numfashi uku, ba tsari, ba kyan ji. Wani irin gurnani ne da majina da shessheƙa, ina zaune dirshan a ƙasa ina kiran Umma, Umma, kamar yarinyar da ta ɓata a kasuwar Kwari. Ba daraktan da zai saye shi ko kyauta. Har maƙwabciyata, wata tsohuwa da muka shekara shida ba mu wuce gaisuwar kai ba, ta ƙwanƙwasa ƙofa ta tambaya ko in kira wani. Na ce mata uwata ce ta rasu. Ta ce yaushe? Na ce shekara biyu. Ba ta yi mamaki ba, ta shigo ta ɗora ruwan shayi.

Wannan ba na aiki ba ne, Umma. Ba wanda ya ɗauka, ba wanda zai sake ji. Na cika wasiyyarki, ko da yake na makara.

Saura tambayar da na kasa yi a bakin gado. Na ɗauki abin da kika ɓoye wa duniya, kika rufe shi da ƙarar ruwa, na kai shi kasuwa, na kunyata ki a gaban ƙawayenki, sannan na tsaya ina yi miki Turanci. Na yi laifi. Ga ni a durƙushe, ki yafe mini. Na san ba amsar da za ta zo ta gidan waya. Amma wadda ta tsaya a ruwan sama don ta ga sunana a takarda, ina kyautata zaton ta riga ta amsa tun ban tambaya ba, kunya ce ta hana ta faɗa.

Allah ya jiƙan ki, ya jiƙan Abba, ya haɗa ku a inda ba a ɓuya a yi kuka. Ya sanyaya makwancinki kamar yadda kika sanyaya mana gida a ƙasar da ba tamu ba. Ya karɓi albarkar da kika riƙa sa mini a ɓoye, ya sa ta bi ni har ranar da zan iso. In na iso, ba sai kin kira sunana ba. Yadda kika saba ya ishe ni, zan waiwayo.

Wassalam. Taki har kullum,

'Yar nan
Gorton, Manchester